Daga Tahoua zuwa bakin Isa: kwana uku ana jifan tsage da koton gashi

Na bar Tahoua da motar asuba a makon farko na Maris, da tiyon roba mai tsawon santimita 80 a ƙarƙashin kujerata. Cikin tiyon sandar fatsa ce mai gaɓa huɗu, wadda in an harhaɗa ta takan kai mita 2.7. Yaron mota ya so ya jefa ta ƙasa wurin kaya, na hana. Kan irin wannan sanda bai kai kaurin tsinken tsire ba, buhun albasa ɗaya ya hau ta, tafiya ta ƙare tun ba a kai Tsarnawa ba. Hanyar kilomita 550 ce ko kusa da haka, ta Ƙonni, Dogon Dutsi da Doso, sai la'asar muka shiga Yamai.

Abin da ya kai ni wani irin su ne da bai yaɗu a ƙasarmu ba. Faransawa na kiransa sun ƙuda, don asalinsa ana ɗaura gashin tsuntsu ne a ƙugiya ya yi kama da ƙwaro. Ni koton gashi nake ce masa. A fatsar da muka saba, dalma ko tana ce ke da nauyi, ita ke jan zare in an wurga. A nan kuwa koton ba shi da wani nauyi, igiyar ce mai nauyi, mai kauri kamar tsinken ashana, an lulluɓe ta da roba, tsawonta mita 27 zuwa 30. Igiyar ake jifa, koto ya bi ta a baya kamar jela. A Amurka da wannan dabara suke kama wani kifi mai faɗin baki da suke kira bas, mai laɓewa gindin duwatsu da kututture ya afka wa ƙananan kifaye. Wanda ya fi girma da aka rubuta a tarihi an kama shi a jihar Jojiya a 1932, kilo 10 da ɗan ɗoriya, sai a 2009 aka kama tamkarsa a Japan. Babu bas a kogin Isa, wato kogin Neja da ya ratsa Yamai. Amma muna da masu halinsa, har ma sun fi shi faɗa: tsage mai haƙora kamar ƙusoshi, da giwan ruwa da kan wuce kilo 100 a manyan tafkuna. Kayan bas da dabarunsa suna aiki a kansu, in an gyara abu biyu ko uku.

Gyaran farko ba a kaya yake ba, a zaɓen wata yake. Koton gashi ba shi da ƙanshi, ba shi da ɗanɗano, da ido kaɗai kifi ke cinsa. Shi ya sa ban tsaya Tabalak da ke kusa da gida ba, ruwan tafkin ya cika laka. Isa a Yamai sau biyu take cika a shekara. Ta farko a Agusta da Satumba, jan ruwa, wanda Sirba da Dargol da Gorwal ke kwarowa da jar ƙasa. A lokacin ko hannunka ka tsoma ba ka ganin yatsunka. Ta biyu ruwan da ya sauka a tsaunukan Gine ne, ya ratsa fadamun Mali yana ajiye lakarsa, bai iso Yamai da ƙarfinsa ba sai Janairu zuwa Fabrairu. Shi ake kira baƙin ruwa, ya fi washewa. Daga ƙarshen Fabrairu ya fara janyewa, duwatsu su leƙo, kifi ya tattaru a gurabe. Daga nan zuwa Afrilu shi ne lokaci. Mayu da Yuni ruwan ya yi ƙasa ƙwarai ya yi zafi. Tsofaffin bakin kogi har yau suna tuna 1985, shekarar da Isa ta tsaya cak a Yamai.

Akwai gwaji mai sauƙi da nake yi kafin in harhaɗa sanda. Farin marfin kwano nake ɗaure wa zare in zura a ruwa. In ina ganinsa har zurfin santimita 50 ko 60, ranar ta yi. Tsakanin 20 da 40, sai koto baƙi mai kauri, don inuwarsa ta fi fitowa a gurɓataccen ruwa fiye da fari. In ya ɓace ƙasa da 20, gara ka nemo tana ka zauna wa tarwaɗa. Ranar farko a Gudel, wata unguwar bakin kogi a Yamai, marfin ya ɓace mini a wajen 55.

Mai jirgin da na samu dattijo ne, Basarke daga wajen Gaya, Hausarsa tas. Na fara gaishe da shugaban masuntan wurin, na nuna takardar izinin da na karɓa wurin ma'aikatan ruwa da gandun daji, muka yi tsada da mai jirgi kafin a tura, wuni kaza, ba awa ba. Wannan gaisuwar ba ɓata lokaci ba ce: ruwan cike yake da kalli da mamari na mutane, igiya mai nutsewa kuwa ba abin da ta fi so kamar ta sarƙe a kallin wani. Dattijon ya juya koton a tafin hannunsa ya daɗe.

"Malam, wannan gashin zakara ne fa."

"Shi ne, Baba."

"To, kifi na ganinka mai jar koma. Mu je mu gani."

Sanda da igiya lamba gare su, dole lambar ta zo ɗaya. Ana auna mita 9 na farkon igiya: lamba 6 giram 10 da ɗan kai, lamba 8 giram 13.6, lamba 10 giram 18, lamba 12 kusan giram 25. Lamba 8 ita ce ta masu bas, ita ma ta ishi tsagen Yamai, wanda yawancinsa rabin kilo ne zuwa kilo 2. Wanda ya ƙudurta giwan ruwa ya nemi 10 ko 12. Igiya iri biyu na ɗauko, mai yawo a sama da mai nutsewa wajen santimita 12 a daƙiƙa, kuma kashi uku cikin huɗu na kifin da na kama da mai nutsewar ne. In kuɗinka na igiya ɗaya ne, ita za ka saya. Sai ka kula da rubutun kwalinta, a tabbata ta ƙasashen zafi ce. Wadda aka yi don sanyin Turai, da rana ta take sai ta saki jiki kamar dafaffiyar taliya, ta manne wa zoben sanda, ta cukurkuɗe a ƙafa. A bayan igiyar, cikin kwarkwaron naɗi, a sa zaren kitso mai ƙarfi mita 100 zuwa 150, don ranar da babba zai ja igiyar duka.

Tsakanin igiya da koto zaren nailan ne. Da igiya mai nutsewa gajere ake so, mita 1.2 zuwa 1.5 na mai kaurin milimita 0.40. In ya yi tsawo, igiya na ƙasa koto na sama yana lilo, an yi aikin banza. Da mai yawo a sama kuwa sai a jera shi daga kauri zuwa siriri: mita 1 na 0.60, santimita 60 na 0.50, santimita 60 na 0.40, don ƙarfin jifa ya gangara har bakin koto ya miƙe. Gyara na biyu a kan kayan bas yana nan ƙarshe: waya. Bas ba ya yanke zare, tsage kuwa cizo ɗaya ya raba ka da koto, ba ka ma ji an ja ba, sai ka ga zare ya dawo fayau. Santimita 10 zuwa 15 na siririyar waya mai ɗaukar kilo 10 zuwa 14 ta isa. Kada a haɗa ta da ƙarfe mai walƙiya, don wani tsagen zai bar koton ya ciji mahaɗin. Ƙulli ake yi, a lanƙwasa wayar gida biyu, a naɗa nailan sau 10 a kanta, a jiƙa da yawu a ja a hankali. Bayan kowane kifi a shafa wayar da yatsa. In ta murɗe kamar wutsiyar alade, a canza.

Jifan shi ne inda mutane ke karaya, kuma ba a fafe gora ranar tafiya. A koya a fili, a ɗaura ɗan ulu maimakon ƙugiya, mako biyu kafin a ga ruwa. Ka zaro igiya mita 9 ko 10 a gabanka. Ka ɗaga sanda a hankali, kana ƙara sauri, ka tsayar da ita tsaf da ta ɗan wuce kunnenka. Ka jira igiyar ta miƙe a baya. Sannan ka turo gaba ka sake tsayarwa tsaf, kan sanda na kallon sama da goshinka. Tsayawar nan biyu su ne jifan, ba ƙarfin dantse ba. In ka ji ƙara kamar ta bulala a bayanka, ka yi gaggawar turowa, sau da yawa ma koton ya tsinke ya tafi. In igiya na dukan ruwa a baya, wuyan hannunka ne ke karyewa, sanda na wuce iyaka. Ka cusa gindin sandar cikin hannun riga na ɗan lokaci, zai hana. In kana samun ƙananan ƙulle-ƙulle a nailan, kana fizgar sanda ne tun farkon turi maimakon ƙarshensa. Kada a bar ƙullin nan, nan ne zaren zai tsinke ranar da ake buƙatarsa. Mita 15 a miƙe ta fi mita 25 a tuƙuiƙuye, kuma daga cikin jirgi ba a buƙatar fiye da 15 ɗin.

Iska ma da lissafinta. Isa a Yamai daga arewa maso yamma take gangarowa kudu maso gabas, hunturu kuma daga arewa maso gabas yake busowa. Wanda ya tsaya gaɓar cikin gari yana kallon ruwa, iska na bayansa: jifan baya ya yi ƙasa-ƙasa da ƙarfi, na gaba ya sake shi sama iska ta kai masa. Wanda ya ƙetare Gadar Kennedy zuwa Harobanda kuwa iska na fuskarsa, sai ya juya lissafin. Mafi haɗari ita ce mai bugo kafaɗar hannun jifa, don tana turo ƙugiya kan ƙeyarka. A nan sai ka ce wa mai jirgi ya juya, ko ka ba ruwa baya ka yi jifa ta baya. Tabarau da malafa wajibi ne, kai da mai tuƙi, kuma a matse ƙayar ƙugiya da awartaki. A watan Maris iskar takan tashi da hantsi, shi ya sa muke kan ruwa tun ƙarfe 7, rana na fitowa.

Jirgin masunta siriri ne, ba a yi shi don mai tsayuwa yana kaɗa sanda ba. Na fi jifa a durƙushe, gwiwa ɗaya a ƙasa. Cikinsa kuma duk kan ƙusa ne da facin kwalta da guntun kalli, kowanne na jiran igiya. Maganinsa bahon roba na wanki, a zuba ruwa yatsa biyu a ciki, a riƙa tara igiyar nan. Takalmi a cire, don in ka taka igiya da ƙafa tsirara za ka ji.

Dattijon bai san koton gashi ba, amma ya san inda tsage ke tsayawa, wannan kuwa ya fi duk kayan da ke cikin jakata. Ba ya tsakiyar igiyar ruwa mai ƙarfi, ba ya cikin kwantaccen ruwa. Yana kan layin da biyun suka haɗu, bayan dutse, ƙarshen tsibirin yashi inda ƙasa ta faɗa zurfi, da bakin ciyawar burgu inda kawara da ƴan shemani ke kiwo. Muka saki dutsen anga sama da wani gurbi mai zurfin mita 2. Jifa a gicciye, ɗan sama da inda ake hari, sannan ƙidaya. Igiya mai santimita 12 a daƙiƙa na buƙatar daƙiƙa 16 ko 17 ta kai mita 2 a ruwa tsayayye, a mai gudu ta fi haka. Na fara da ƙidaya 5, jifa biyar, ba komai. Na koma 10, shiru. A 15 aka buga. Mafi yawan masu cewa babu kifi a wuri, saman kan kifin suke wucewa. Da ka samu lambar, ka riƙe ta har rana ta sauya.

Jan koto da hannun hagu ake yi, igiya na bi ta ƙarƙashin manunin hannun dama, kan sanda na taɓa ruwa. Fizga santimita 30, 30, da sauri, can a ɗan tsaya. Tsage na son gudu. A naɗa filasta a yatsan da igiya ke bi, in ba haka ba kafin azahar ta yanka shi.

Gyara na uku shi ya fi wuya, don da hannu ake faɗa. In kifi ya ci, hannu da kansa yake ɗaga sanda. Ga bas wannan kan wadatar, ga tsage a'a. Bakinsa ƙashi ne, kan sanda kuma laushi gare shi, lanƙwashewa kawai zai yi ƙugiya ba ta shiga ba. Kifi ya yi tsalle ɗaya, ya girgiza kai, ya tofo maka kotonka. Sanda ta zauna ƙasa tana nuna kifin, ka fizgi igiyar da hannun hagu da ƙarfi, sau biyu, sai ka ji nauyi ya zauna sannan ka karkata sanda gefe, ba sama ba. In ya yi tsalle ka ƙara kwantar da ita. Safiyar farko tsage takwas suka buga, biyu suka shigo jirgi. Na huɗun da ya kuɓuce, dattijo ya ajiye filafili.

"Malam, kana gaishe shi ne, ba ka kama shi. Ja shi kamar akuyar da ta shiga gonar mutane."

Washegari bakwai suka buga, huɗu suka shigo. Rabin bambancin hannu ne, rabi kuma ƙaramar zarto da na yi ta wasa ƙugiya da ita. Gwajinta a kan farce: in ta zame, ba ta yi ba.

Koto goma sha biyu na zo da su, yammacin rana ta biyu saura uku, don tsage biyu ko uku ke tsefe koto ɗaya. Sai na shiga Babbar Kasuwa. Koton da ya fi ci a nan shi ne irin da wani Ba'amurke, Bob Clouser, ya ƙirƙiro a 1987 don bas na kogin Saskwahana, kuma ana iya ɗaura shi da kayan kasuwa. Ƙugiya lamba 1/0 ko 2/0 mai gajeren wuya, zaren ɗinki mai ƙarfi, gashin ƙari na kitson mata fari da baƙi ko ja, zaren ƙyalli na masu aikin wuyan riga, gam mai kamawa nan take, da sarƙar ƙwallaye ta ƙarfe, a yanko ƙwallo biyu a manne su zama idanu. Idanun ake fara ɗaurawa a bayan ƙugiya, kashi ɗaya cikin uku daga ramin zare, a gicciya zare a kansu sau 20, a ɗiga gam. Nauyinsu ke kifar da ƙugiyar a ruwa, tsininta ya kalli sama, shi ya sa ba ta yawan kama dutse. Saboda haka farin gashi ɓangaren idanu yake, shi ne ciki. Mai duhu ɓangaren tsini, shi ne baya. Zaren ƙyalli sili 4 zuwa 6 a tsakani. Tsawon duka santimita 7 zuwa 9. Kuskuren kowa cika gashi. Kaurin tsinken ashana biyu a kowane gefe ya isa. In ya wuce, koton ba ya nutsewa, ba ya rawa, kuma jifansa kamar jifan jiƙaƙƙen tsumma. Gashin kada ya zarce lanƙwasar ƙugiya da yawa, don tsage zai kama jela ya bar ƙarfe. Na yanki tsohon silifa kuma na fere ƙananan tuntu masu kwarmin baki, masu yin ɓul a sama in an fizga. Da sassafe a bakin ciyawa suna tada tsage, kallo ne mai daɗi, amma ba su kai masu nutsewa kamu ba.

Giwan ruwa na bar wa maraicen ƙarshe, kuma gara in faɗi gaskiya: kusa da gari ya yi ƙaranci. Raga ta yi yawa, yashi ya cike gurabe da dama, wanda ake samu da koton gashi galibi kilo 1 ne zuwa 4. Kifi ne mai ganin duhu, idonsa na haske kamar na kyanwa, farautarsa daga faɗuwar rana ce. A kogin Faro na Kamaru, wanda ke zuba a Binuwai, da dare ake jifansa da wannan dabara. Koto babba yake so, santimita 15 zuwa 20 a ƙugiya 4/0 zuwa 6/0, baƙi, a ja shi a hankali, dogon ja, dab da ƙasa gindin dutse. Ba ya buƙatar waya, amma bakinsa kamar sanfefa yake, marfin kumatunsa kuma na da kaifi, sai a sa santimita 40 na nailan 0.80 ko fiye a ƙarshe. Cinsa ba fizga ba ce irin ta tsage, sai ka ji kamar ka kama kututture, sannan kututturen ya motsa. Daƙiƙa goman farko su ne shari'ar: ramin dutse zai nufa, in ka ba shi mita biyu ya shiga, zare ya goge ya tsinke. Ɗaya muka samu dab da magariba, bai kai kilo 3 ba. A leɓen ƙasa ake riƙe shi, yatsa ba ya zuwa kusa da kumatu. Tsage kuwa ba a kai masa yatsa baki ko ya mutu, awartaki ke cire ƙugiya.

Ba mu wuce magariba ba, ba mu kuma yi nisa da gari ba. Na so in kai Bubon, kilomita 25 kan hanyar Tilaberi, inda kasuwa ke ci ran Laraba, amma tafiya wajen gari yanzu sai an tambayi halin tsaro a ranar, kuma masu jirgi sun fi kowa sani. Dorina na nan ko a kusa da Yamai, tana kifar da jirage. In mai tuƙi ya ce a bar wuri, a naɗe igiya ba gardama. Shiga ruwa da ƙafa a bakin ciyawa mai kwantaccen ruwa kuma hanyar tsargiya ce, wanda ya yi ta shiga ya ga likita in ya koma gida. Kusa da gadoji da barikin soja da wurin jan ruwan famfo a bar wayar hannu a aljihu.

Daren da zan koma na warware igiyoyin biyu cikin bokiti, na wanke da ruwa mai ɗumi da ɗan sabulu, na ja su ta cikin tsumma. Tsumman ya fito ja wur. Ƙurar hunturu da lakar kogi in suka bushe a kan igiya sukan ci zoben sanda, su rage nisan jifa, mai yawo a sama ma ta fara nutsewa. Gaɓoɓin sanda na goge su na shafa musu ɗan kakin kyandir don kada su cije, na bar kotunan suka sha iska a kan tabarma har safe, don in aka rufe su da laima ƙugiya tsatsa take yi kafin a kai Doso.